Ina so in share komai a The Sims 4 in fara sabo: me zan goge, me zan bari?

Hauwa_Magina:
Assalamu alaikum 'yan gida. Don Allah ina neman shawara kan The Sims 4, wasan kwamfuta da ake ƙirƙirar mutane a gina musu gida a tafiyar da rayuwarsu, kafin in yi abin da ba zai gyaru ba. Laftof ɗina ya cika taf, wasan kuma ya koma jan ƙafa, buɗe garin Willow Creek na cikin wasan kaɗai sai ya ɗauki lokaci. Foldar Mods, inda nake zuba kayan ƙarin da nake saukewa, ta haura gigabait 30, yawanci gashi ne da sutura da kujeru da na daɗe ina tarawa, rabinsu ban ma tuna inda na samo su ba. Ga ajiyoyin wasa barkatai waɗanda na fara na watsar. Ga kuma fakitin Get Famous da Eco Lifestyle, ƙarin wasa da na saya, da ba na shiga garuruwansu ko kaɗan. So nake in share duka in fara sabo. Sai dai akwai iyali guda da nake bugawa har sun kai zuriya ta shida, su ne ba na so in rasa. Idan na cire wasan gaba ɗaya na sake saka shi, komai zai tafi ne? Ta ina zan fara?

Abban_Kwamfuta:
Wa alaikumus salam. Tsaya tukuna 'yar uwa, kada ki danna komai yau. Cire wasan ba zai yi miki abin da kike so ba, domin wasan wuri daban yake zaune, kayanki kuma wuri daban. Kayanki suna cikin Documents, ki shiga Electronic Arts, ki shiga The Sims 4. Ko kin cire wasan kin sake sakawa, wannan foldar tana nan yadda kika bar ta, da gigabait 30 ɗinta, wasan zai ɗauke su ya ci gaba da jan ƙafarsa. Asarar data kawai za ki yi wajen sake saukewa.

A cikin foldar nan abu uku ne ya kamata ki rarrabe. Saves ita ce rayuwar da kika buga, da gidaje da aure da haihuwa da mutuwa. Tray ita ce abin da kika adana a laburarenki, wato iyalai da gine-gine da ɗakuna. Mods kuma kayan da mutane suka ƙirƙira kika sauko da su. Kowacce gogewarta daban, illarta daban.

Zee_Sulani:
Abin da Abba ya faɗa haka yake. Ni abin da zan ƙara, kalmar gogewa ma ki ajiye ta gefe. Ki kwafi foldar The Sims 4 ɗungurungum zuwa filas ko wani rumbun waje kafin komai. Bayan nan ki yi duk gwajin da kike so hankali kwance.

Sadik_PS:
Ni fa ban ga abin wahala ba. Ki shiga Load Game, kowace ajiya akwai alamar kwandon shara a jikinta, ki danna ki goge waɗanda ba kya so. Shi ke nan.

Abban_Kwamfuta:
Sadik, wannan hanyar tana aiki, amma ba ita zan ba mai fargabar rasa iyali ba. Idan ta goge daga cikin folda, fayil ɗin kwandon sharar kwamfuta yake faɗawa, tana iya dawo da shi matuƙar ba ta zubar da kwandon ba. Kuma ajiyoyin ba su ne suka cika mata laftof ba. Ajiya ɗaya 'yan megabait ce, tsohuwa mai iyalai da yawa ta kai wasu gomomi. Ko ta goge ashirin ba za ta ga wani sarari na a zo a gani ba. Nauyin yana Mods.

Hauwa_Magina:
Na gode ƙwarai. Na buɗe Saves ɗin yanzu, amma kaina ya ɗaure. Babu sunan da na raɗa wa ko ɗaya, sai Slot_00000002.save da Slot_0000000c.save da makamantansu, kuma kowanne yana da wasu a ƙarƙashinsa masu ƙarewa da ver0, ver1 har ver4. Yaya zan gane wanne ne na iyalina?

Injiniya_Garba:
Sunan da kika raɗa yana cikin fayil ɗin ne, wasan ne kawai ke nuna shi. Lambobin kuma irin ƙirgar kwamfuta ce mai alamomi goma sha shida, shi ya sa bayan 9 sai a, b, c su biyo baya. Hanya mafi sauƙi: ki buɗe wasan, ki shiga ajiyar iyalin nan, ki adana, ki fita. Sai ki koma foldar ki jera fayilolin bisa lokacin da aka taɓa su na ƙarshe. Wanda ya hau sama da lokacin yanzu, shi ne naki. Ki rubuta lambarsa a takarda.

Su kuma ver0 zuwa ver4 kwafin baya ne guda biyar da wasan ke ajiyewa da kansa. Duk lokacin da kika adana, tsohuwar ajiyar sai ta koma ver0, ta ver0 ta koma ver1, haka har ta ver4 ta faɗi waje. Da su ake ceto ajiyar da ta lalace, ko dai ta maɓallin dawo da ajiya da ke cikin Load Game, ko a cire wutsiyar ver ɗin daga sunan fayil ya koma .save zalla. Saboda haka in kin gano lambar iyalinki, ki kwafe dukkan shidan tare, kada ki ɗauki ɗaya ki bar biyar.

Anti_Binta:
Hauwa ƙanwata, ni maganar Mods ce ta kawo ni, domin a nan ne mutane ke kuka. Na taɓa gwada buɗe tsohuwar ajiyata babu kayan ƙarin don in ga yadda za ta kasance. Kakar gidan, wadda na ɗaura wa farin gashi mai kitso, sai ga ta da kai tal babu gashi ko ɗaya. Jikarta tana tsaye a falo da 'yan kayan ciki. Kicin ɗin kuwa babu firji babu murhu, sai kantoci biyu da suka zo da wasan suna tsaye a tsakiyar fili, bangon ya koma fari. Duk abin da aka ɗauko daga Mods ya ɓace daga inda yake. Na fita ban adana ba, na mayar da foldar, komai ya dawo daidai.

Abin lura ke nan: buɗewa ba ta ɓata komai, adanawa ce ke ɓatawa. Idan kika adana a wannan halin, wasan ya rubuta cewa kakar ba ta da gashi, kicin ba shi da firji. Ko kin dawo da Mods daga baya sai kin bi su ɗaya bayan ɗaya kin sake yi musu sutura, kin sake jera gidan.

Maryam_CC:
Wallahi Anti kin faɗi gaskiya. Shi ya sa nake cewa kada ta zubar da Mods duka, ta tace. Akwai manhaja mai suna Sims 4 Tray Importer. Idan ta adana iyalin da gidansu a laburare, manhajar za ta lissafa mata duk kayan ƙarin da ke jikinsu da na gidan. Sai ta ware waɗannan a folda guda, sauran su tafi. Za ta iya tarar da abin da iyalin ke amfani da shi bai kai kashi ɗaya cikin goma na abin da ta tara ba. Sims 4 Studio ma yana nuna hoton kowane kaya, mutum ya ga abin da zai goge da idonsa.

Ɗan_Newcrest:
Ni dai ra'ayina daban. Ki goge komai har da iyalin. Zuriya shida ai sun yi abin da za su yi. Na ga mutane da yawa suna riƙe da tsohuwar ajiya don tausayi, ba sa jin daɗin buga ta, kuma ba sa iya fara wata. Daɗin wasan nan yana farkonsa ne, mutum ɗaya, simoliyon 20,000 na kuɗin wasan, fili babu komai. In dai tsohuwar tana nan, kullum za ki riƙa leƙa ta.

Anti_Binta:
Haba ɗan nan. Ta ce su ne ba ta so ta rasa, kai kuma ka ce ta fara da su? Wanda bai reni iyali tun daga jariri har ya ga Grim Reaper, mai ɗaukar rai a wasan, ya zo ɗaukar shi da tsufa ba, ba zai gane ba. Akwai kaburburan kakanni a bayan gida, akwai hotunan da suka ɗauka da kansu a bango, akwai bishiyar zuriya da ake bi sama har a kai ga wanda ya kafa gidan. Ba abin da za a sake ginawa ba ne.

Ɗan_Newcrest:
Anti ban raina ba, na buga irin wannan ni ma. Abin da nake nufi, wani lokacin nauyin da mutum ke ji ba na kwamfuta kaɗai ba ne. Amma tunda fayil ɗin ƙarami ne kamar yadda Abba ya ce, ta kwafe shi a filas ta cire shi daga wasan. Ba ta rasa ba, kuma ba ya gabanta.

Nana_Asma:
Ina da tambaya a kan wannan. Idan ta adana iyalin a laburare ko ta ɗora su a Gallery, inda 'yan wasa ke raba iyalai da gine-gine a intanet, ba sai ta goge ajiyar ta saka su a sabuwar duniya ba? Ai an jefi tsuntsu biyu da dutse ɗaya.

Zee_Sulani:
Rabi da rabi ne, Nana. Laburare yana ɗaukar mutanen da ke gida ɗaya, kuma gida ba ya wuce mutum takwas. Za su zo da kamanninsu da halayensu da ƙwarewar da suka koya da dangantakar da ke tsakaninsu. Amma kakannin da suka rasu, da 'yan uwan da suka yi aure suka koma wasu gidaje, da abokai da maƙwabta, duk ba za su biyo su ba. Bishiyar zuriya za ta yanke daga inda gidan ya tsaya. Ga mai zuriya shida wannan babbar asara ce. Sannan Gallery ba ya ɗaukar kayan ƙari, alama kawai yake sakawa cewa an yi amfani da su. In ta sauko da su babu Mods, da sanƙo za su iso kamar kakar Anti.

Malam_Isiyaku:
Ku yi haƙuri in shigo da tawa, ta yi kama da wannan. Ni ba na buga wasan, 'yata ce ke bugawa a kwamfutar da nake aiki da ita. Wuri ya ƙare, ina neman abin da zan rage. Na ga wata folda a cikin nata mai suna Recorded Videos da wata Screenshots. Idan na taɓa su wasanta zai lalace?

Injiniya_Garba:
Ba zai lalace ba Malam. Hotuna ne da bidiyon da aka ɗauka cikin wasan. Harafin C ke ɗaukar hoto, V kuma ke fara ɗaukar bidiyo, kuma sau da yawa yara kan danna V ba su sani ba, ya yi ta ɗauka. Bidiyon suna da nauyi sosai, za ka iya samun sarari mai yawa a nan. Sai dai ka zauna da ita ku duba tare, wataƙila akwai hotunan da take so. Saves da Tray kuma kada ka kusance su.

Malam_Isiyaku:
Madalla, Allah Ya saka da alheri. Zan jira ta dawo.

Sadik_PS:
Duk wannan wahalar ta masu kwamfuta ce. Mu a PlayStation tun da wasan ya iso mana a 2017 babu Mods babu ciwon kai, abin da ya zo da wasan shi muke sakawa.

Maryam_CC:
Sadik, ba don kwalliya kawai muke sauke su ba. Shekaru da dama in kana so ka yi mutum baƙar fata mai kitso ko gashi irin namu, abin da ke cikin wasan kaɗan ne, launukan fatar ma ba su fita da kyau. Sai a ƙarshen 2020 aka ƙara launukan fata masu yawa. Kafin nan masu ƙirƙirar kayan ƙari ne suka riƙe mu. Shi ya sa foldar wasunmu ta kumbura, kuma shi ya sa ba ma iya cewa a zubar kawai.

Sadik_PS:
Wannan kam na yarda, ban kalle shi ta nan ba.

Hauwa_Magina:
Maryam kin taɓo inda yake min, rabin foldar tawa kitso ne. To mu dawo kan fakitin da na saya. Idan na cire Get Famous da Eco Lifestyle, kuɗina sun tafi ke nan? Kuma me zai faru da ajiyar iyalin?

Abban_Kwamfuta:
Kuɗinki ba su tafi ba. Sayen yana rubuce a asusunki, duk ranar da kika so sai ki sake saukewa. Idan ta manhajar wasanni ta Steam kike bugawa, cire alamar da ke gaban fakitin a jerin abubuwan ƙari ya isa. Akwai kuma hanyar kashe fakiti ba tare da cire shi ba, ta rubuta umarni a wurin zaɓin buɗe wasa, misali -disablepacks:EP06, domin kowane fakiti da lambarsa. Get to Work na 2015 shi ne EP01, Cats & Dogs EP04, Seasons EP05, Get Famous EP06. Amma kashewa ba ta ba ki sarari, fayilolin suna nan zaune.

Ajiyar ce abin tsoro. Fakiti ya fi kayan ƙari shiga jikin wasa. In kin cire Get Famous, garin Del Sol Valley zai ɓace daga taswira, duk wanda ke zaune can ya rasa gida, mai aikin fim ya rasa aikinsa, shaharar da ya tara ta tafi. Eco Lifestyle kuma zai tafi da garin Evergreen Harbor. Wasan zai gargaɗe ki lokacin buɗe ajiyar cewa akwai abubuwan da babu. In kin ga wannan gargaɗin a ajiyar iyalinki, ki koma baya.

Uwar_Kyanwa:
Masu fakitin Cats & Dogs su ji wannan da kyau. In aka cire shi, ba garin Brindleton Bay kaɗai ke tafiya ba, karnuka da kyanwoyin gidan ma suna tafiya. In an adana a haka, dawo da fakitin ba zai dawo da dabbar ba.

Zee_Sulani:
Kuma Hauwa, ko ba kya shiga garuruwan, ki duba gidan da kyau. Mutum kan ɗauki taga ko tayil ko fitila daga fakiti bai lura ba. A wurin gini akwai matatar da ke nuna kayan kowane fakiti daban, ki zaɓi biyun nan ki ga ko kin san fuskar wasu kayan a gidanki.

Bash_Oasis:
Ni ina ganin an yi nisa ba a tambayi abu ɗaya ba. Wa ya ce yawan kayan ne ke sa wasan nauyi? Sau da yawa mod ɗaya ne da ya tsufa ya lalace bayan sabuntawa. Masu ƙarewa da .ts4script su ne suka fi yin haka, domin suna shiga cikin yadda wasan ke tafiya, ba kamar gashi da kujera masu .package ba. Ki raba foldar biyu, ki fitar da rabi, ki gwada a sabuwar ajiya. In matsalar tana nan, ɓarnar tana cikin rabin da ya rage, sai ki sake raba shi. Haka har ki kama shi. Kuma duk lokacin da kika cire ko kika saka wani abu a Mods, ki goge localthumbcache.package, wasan zai yi sabo da kansa. In an bar tsohon, yana riƙe da ragowar abin da aka cire.

Injiniya_Garba:
Duka biyun suna faruwa, Bash. Lalataccen mod yana kawo tsayawa da kurakurai cikin wasa, amma jinkirin buɗewa tun daga farko yawan fayiloli ne, sai wasan ya karanta su duka kafin ya tashi. Gigabait 30 a laftof dole a ji shi. Gwajin da zai raba gardama: ta janye foldar The Sims 4 duka ta ajiye a fuskar kwamfuta, ta buɗe wasan. Zai ƙirƙiri sabuwar folda fes kamar yau aka saka shi. In ya tashi da sauri, matsalar tana cikin kayanta. In har yanzu yana ja, to ƙarfin laftof ɗin ne ko fakitocin, sai a yi maganar gyara wasan ta EA app, manhajar kamfanin da ya yi wasan.

Nana_Asma:
Wannan ai shi ne fara sabon da take nema tun farko, kuma ba ta goge komai ba.

Maryam_CC:
Haka ne. Sai dai ta tuna sabuwar foldar za ta zo da saituna na asali. In ta dawo da kayan da ta tace, sai ta shiga Game Options, ɓangaren Other, ta kunna izinin kayan ƙari da na script, ta rufe wasan ta sake buɗewa. Kada kuma ta binne fayilolin script cikin folda a cikin folda, hawa ɗaya kawai suke yarda da shi. 

Fa'iza_Komorebi:
Ƙarin gargaɗi ga wanda Documents ɗinsa ke haɗe da ma'ajiyar intanet irin OneDrive ko iCloud: abin da ka goge a kwamfuta yana goguwa a can ma, don haka kada a ɗauke shi a matsayin kwafin tsaro. Filas ko rumbun waje da za a zare a ajiye shi ne kwafi.

Hauwa_Magina:
Ga inda na kai. Na kwafe komai a rumbun waje, na gano lambar ajiyar iyalin, na janye tsohuwar foldar na buɗe wasan. Ya tashi cikin ƙanƙanin lokaci, har da fakitin biyun a ciki, don haka na fasa cire su a yanzu. Na duba gidan kamar yadda Zee ta ce, ashe duk tagogin sama na Eco Lifestyle ne. Tray Importer ya fitar min da jerin kayan iyalin, ina kan ware su. Ajiyoyin da na watsar kuma har yanzu ban iya goge su ba, na buɗe ɗaya na tarar da wani gida da na gina a Oasis Springs da na manta da shi.

Ɗan_Newcrest:
Kin ga abin da nake faɗa, haka za ki yi ta buɗe su ɗaya bayan ɗaya. Ki adana ginin a laburare, ki goge ajiyar.

Anti_Binta:
Ka bar ta ta bi a hankali. Hauwa, ki yi Save As ki ba ajiyar iyalin sabon suna kafin ki gwada ta da tacaccen Mods, gwajin ya faɗa kan kwafin. Ki zagaya har gidajen 'ya'yan da suka yi aure, su ma akwai kayan ƙari a jikinsu da jerin bai ƙirga ba.

Uwar_Kyanwa:
Tunda ana nan, wa ya taɓa mayar da tsohuwar ajiya daga filas bayan an yi sabuntawa da yawa? Ina da wata tun kafin a kawo jarirai masu rarrafe a 2023, ina so in san ko sai na cire duk mods kafin in buɗe ta.

Bash_Oasis:
Tsohuwar ajiya tana buɗewa a sabon wasa, akasin haka ne ba ya yiwuwa. Ki fitar da duk na script tukuna, ki bar gashi da sutura, ki buɗe kwafi ba asalin ba. Ki duba kada lambar Slot ɗinta ta yi karo da wata da ke foldar, in ta yi ki sauya mata lamba kafin ki saka.